Kayan Aro

Ƙarfe biyun dare a Daura,
batirin sola ya rage ɗigo uku,
ni da allon kwamfuta muna zaman kurame.
Cikin jakar da na buɗe, fayil arba'in da ɗaya,
ba mai sanin sunansu sai mu 'yan gadi.
Ba su saye, ba su sayarwa,
aro ake zuwa yi wurinsu,
kamar turmin gidan Tabawa
da duk unguwa ke daka a ciki,
ranar biki kuwa ba mai ambatonsa.

Wannan shi ke riƙe da agogo,
ya yanka daƙiƙa gida miliyan
ya miƙa wa kowa tsokarsa.
Wancan mai tsaron layi ne,
ya san umarnin da ya riga wani sallama.
Akwai wani ɗan mitsitsi, bai kai nauyin hoton akuya ba,
in ya yi tari a nan
kasuwar wata ƙasa ta kwana da mura.

Babana Nomau dillali ne a Mai'aduwa.
Yakan ƙarar da Lahadi guda kan bijimi ɗaya:
ya buɗe haƙori, ya shafa tozo,
ya ja mai saye gefe, hannu ya shige hannun riga,
yatsu su faɗi abin da baki ya ƙi faɗa.
Albarka. A ƙara. Albarka.
Sai inuwa ta yi tsawo a ce an sallama,
ya karɓi la'ada, ya biyo mana da ƙuli-ƙuli.

Jiya ya leƙo, carbi na lilo a hannunsa.
"Wai me kake kiwo a nan, Cindo?"
Na ce, Baba, kasuwar hannun jari ce,
kafin ka ɗaga gira an ƙulla ciniki dubu.
"To wa ke cewa albarka?"
Na ce babu.
"Shaida fa?"
Na nuna masa fayil na sha bakwai.
Ya daɗe yana duban baƙaƙen da ba ya karantawa.
"In wannan ya yi ƙarya, ina ake samun gidansu?"

Aikin da aka ba ni kenan, in aske masa lokaci,
in rage abin da ko ƙiftawar ido ta fi shi jiki.
A layi na ɗari uku da shida
wani da ban sani ba, shekara sha ɗaya baya,
ya bar saƙo ba sa hannu:
kada a taɓa nan, ban san dalili ba.
Layin ba ya komai, jira kawai yake sa na'ura,
numfashi ɗaya, irin nata.

Na goge shi. Na saki gwaji.
Garken lambobi ya ɓalle ba makiyayi,
ta sayi abin da ta sayar,
ta sayar da abin da ta saya,
tana taya kanta, tana ƙara wa kanta kuɗi.
Cikin daƙiƙa huɗu, da kuɗin wasa,
na yi asarar shanun Mai'aduwa kaf,
har da igiyoyinsu.

Gumi ya tsattsafo mini a ƙeya.
Can wata ƙasa mai sanyi uwar garke na jirana,
ba ta san Daura ba, ba ta san batir na mutuwa ba.
Na mayar da layin inda na same shi,
harafi bayan harafi, kamar mai mayar da ƙwai cikin sheƙa.
Ƙarƙashin saƙon baƙon nan na ƙara nawa
da Hausa, ko da ba mai ganewa:
nan ne take cewa albarka.

Ɗigo ɗaya ya rage.
A tsakar gida na ji ƙarar butar Baba,
yana gyaran murya, yana neman takalminsa ɗaya.