Littafin da Dontrell Bai Mayar Ba

Wasiƙa ta zo ranar Talata daga laburaren unguwa,
da sunanka a bayan ambulan, an rubuta shi daidai,
abin da jaridun Milwaukee suka kasa har sau biyu.
Wai ka riƙe musu littafi kwana arba'in da ɗaya,
tara ta kama dala huɗu da 'yan canji.
Kaka Odessa ta karanta, ta ninke, ta danne da kwalbar gishiri,
ta ce, "Ashe ba mu kaɗai ke jiran sa ba."

Na samo shi ƙarƙashin gadonka,
tsakanin takalmin ƙwallo da safa ƙwaya ɗaya.
Littafin tsuntsaye, Dontrell. Tsuntsaye!
Kai da kake taku kamar kai ka shimfiɗa titin,
ashe da dare sunayen masu fiffike kake haddacewa.
Ka maƙale tikitin bas a shafi na tamanin da shida,
inda wani jan tsuntsu ke tsaye kan reshen da ba ganye.

Tun ba mu kai tsayin tebur ba Kaka ta koya mana:
hannu a sarari, murya ƙasa,
"yallaɓai" ko da bakinka na ɗaci,
kada ka gudu, kada ka lalubi aljihu.
Ka iya karatun, ni ce shaida,
don ni nake zama ɗan sanda a falo, ludayi ne bindigata,
kana ɗaga hannuwa muna ƙyalƙyala dariya,
Kaka kaɗai ba ta dariya.

Daƙiƙa goma sha ɗaya, in ji bidiyon.
Bakin shagon wanki, titin Burleigh,
kwandon kayanmu a kafaɗarka.
Ka ɗaga hannu, kwandon ya faɗi,
zanen gadon Kaka mai furanni ya baje kan dusar ƙanƙara.
Ban kalli sauran ba.
Duniya ta kalla a madadina, sau miliyan biyu.

A talabijin wani mai kwat ya ce a jira bincike,
ya ce ruwa ba ya tsami banza.
Suka tono hotonka na ranar da ka ɗaure fuska cikin hular sanyi,
suka bar na bakin tafki, inda ka ɗora ni a wuya.
A makaranta Malama Lindqvist ta dafa kafaɗata,
ta ce ita ba ta ganin launin fata.
Na ce, "Wanda ya harbe shi ya gani."
Aka tura ni ofis, wai in huce.

Yanzu fuskarka na kan riguna, kan bango,
kan kwalayen mutanen da ba su san
kana tsoron gizo-gizo ba, kana zuba sukari a shinkafa.
Suna kiran sunanka har murya ta dushe,
na gode musu, har raina na gode,
amma ni so nake ka buga ƙofar banɗaki
ka ce, "Shanice, barci kike a ciki?"

Shi kuwa yana gida. Hutu, an ce, da albashinsa.
Wani lokaci ina tunanin ko yana da ƙanwa.
Ko shi ma ana aikensa wanki.

Ranar Asabar na kai littafin.
Matar ta duba kwamfuta, ta dube ni, yatsunta suka tsaya.
Ta ce, "An yafe tarar, 'yata."
Na ce a'a.
Na zube kuɗin kan kanta, na ƙirga su ɗai-ɗai,
kada a ce ka bar garin nan da bashin kowa.
Kai ke bin su.

Sai na miƙa katina na sake aro shi.
Daga shafi na tamanin da shida na fara,
can ka tsaya.
Har yau ban ga jan tsuntsun ba.
Ina dai tafiya makaranta ina duba rassa,
kaina sama,
hannuwana a sarari.