Zungurma

A Blanguwa, inda Shari ke juye kansa cikin tabki,
Baba Dungus na da rumfar gyaran rediyo
bayan masu banda, dab da masu fetur a kwalba.
Ni ce autarsa, Yakura,
ni ke riƙe masa dalma in hannunsa ya ɗauki rawa.

Da dare, in kasuwa ta watse,
yakan murɗa allura ta wuce Injamena, ta wuce Garwa,
ta tsaya inda babu mai magana,
sai shuuu, sai wani gurnani can ƙasa
kamar tulu yana cika a bakin rijiya.
Ya ce: Saurara. Zungurma ta farka.

Wai akwai wata duniya
bayan Zara, bayan Kaza da 'Ya'yanta,
mai wata uku, ɗaya ja kamar gauta,
babu tudu a cikinta ko na ajiye takalmi.
Teku ne zalla, mai kaurin kunun kanwa,
baƙi wuluk kamar ruwan marina.
Can ƙasa take zaune.

Ba ta da ido. Me za ta gani?
Jikinta randa ce da aka ɗaure wa baki da fata,
ƙofofi tara a haƙarƙari, irin na sarewa.
In watannin nan uku suka ja ruwa gefe guda
sai ta haɗiye igiyar, ta riƙe,
ta riƙe,
ta saki.
Ƙarar kan shekara tana tafiya
kafin ta bugi dutse ta komo,
da haka take sanin faɗin gidanta.

Kowacce da muryarta ɗaya tak,
tun ƙyanƙyasa har mutuwa,
dubu ke haɗuwa su tada waƙar.
In ɗaya ta mutu ba a cike gurbinta.
In an zo kan muryarta sai duk su yi tsit
gwargwadon numfashinta, sannan a ɗora.
Tsohon teku, in ji Baba,
shirunsa ya fi waƙarsa yawa.

Na ce: Wa ya faɗa maka?
Ya ce: Wa ke faɗa wa tarwaɗa ruwa zai ja baya?
Na ce: Malaminmu ya ce iska ce kawai a cikin waya.
Ya yi dariya har tocila ta suɓuce daga bakinsa.
To ai ita ma iska ce a cikin randa.
Ke ma haka. Miƙo min sukudireba.

Shekarar da ruwa ya shigo kasuwa har gwiwa
rediyo goma sha huɗu suka sha laka a rumfarmu,
masu su ba su dawo nema ba,
kowa ya koma latsa waya.
A shekarar ce kunnensa ya toshe.
Yakan ɗora tafin hannu kan sifika,
ya lumshe ido,
ya ce yau tana kusa, har a ƙashi nake jin ta.
Ni kuwa ina kallon batir yana ƙarewa,
ina lissafin sefa.

An binne shi ran Talata, kafin kwale-kwalen Darak su iso.

Yanzu waya nake gyarawa, gilashi da caji.
Rediyo ɗaya na rage, mai eriya ɗaure da roba.
Ban yarda da Zungurma ba.
Na san iska ce, na san rana ce ke tari cikin ƙarfe.
Amma jiya da aka ɗauke wuta
na kai allura wurin nan da babu kowa,
gurnanin ya taso, ya taso,
sai ya yanke.

Na ƙirga. Ɗaya, biyu, uku, huɗu,
da ɗan tsayawar nan da yakan yi
kafin ya hura wa dalma iska.

Sannan aka ɗora.