Mai Ido Takwas

Shekara talatin da ɗaya ina gyaran agogo
a bakin kasuwar Tawa, ƙarƙashin rumfar kwano.
Yanzu kowa salula yake tambaya lokaci,
sai in wuni ban buɗe bayan ko ɗaya ba.
Gilashin da nake maƙalawa a ido
ya rasa aiki, sai na juya shi ga bango.

Can na gan shi.
Bai kai ƙwayar wake ba.
Baƙi, da farin zane daga goshi har ƙarshe,
wani farin a kowane gefe,
kamar saƙin da tsofaffi ke ɓoyewa ƙasan adaka.
Gashi a ƙafa, gashi a fuska,
gajere, a dunƙule, an ɗaure shi tamau.
Na matso. Bai gudu ba.
Ya juyo gaba ɗaya, ya ɗaga kai:
manyan idanu biyu kamar fitilun mota,
ƙanana biyu a gefensu,
sauran huɗun sun zagaya baya suna gadi.
Ni da gilashi ɗaya, shi da takwas,
ban san wa ke duba wa ba.

Alkasum mai sayar da pil ya leƙo,
"Tautau ne, murƙushe shi kafin ya yi maka fitsari."
Na ce bangon ba nawa ba ne, balle naka.

Habsu, ɗiyar ƙanena da ke jami'a,
ta biyo karɓar kuɗin takardu.
Ta ce, "Baba, wannan ba ƙwaro ba ne.
Ƙwaro ƙafa shida. Ƙirga nasa."
Takwas.
"Danginsa su kunama da kaska,
gidansu na gizo-gizo, ɗakinsu na masu tsalle,
Saltisidai, sun haura iri dubu shida."
Ta faɗi sunansa na Latin,
ya tsaya mini a wuya kamar ƙayar kifi.
Na ce, to, asalinsa ya fi nawa tsawo,
ni daga kakan kakana sai shiru.

Namiji ne, in ji ta.
Macen toka-toka ce, ta ɗan fi shi jiki,
da ɗigo biyu farare a baya.
Sai bayan sati na gan ta bisa ƙyaure,
ba ta ko kalle ni ba.

Ba ya saƙa tarko ya zauna jiran rabo.
Inda siminti ya rabu da tubali
ya ɗinka 'yar jakar farin zare,
nan yake kwana.
Da hantsi, in kwano ya fara ɗumi, sai ya fito.
Bangon mutane yake so,
inda aka zubar da shayi, inda ƙuda ke taro.

Na ga farautarsa.
Ƙuda ya sauka bakin kofina.
Ya taho kamar hannun daƙiƙa,
taku, tsayawa, taku, tsayawa,
ya liƙa zare a katako,
sai kawai na ga ba ya nan,
yana can, ƙudan a bakinsa.
Na san waya mai naɗi, na san ƙarfinta,
amma babu ita a ƙafarsa.
Habsu ta ce ruwan jikinsa yake turawa.
Ban gane ba, na dai yarda.

Ran Talata ya kuskure.
Ya faɗo, zaren ya riƙe shi,
yana lilo kamar harshen agogon bango.
Ya hau abinsa, ya goge idanu da 'yan hannuwa,
ba kunya, ba tsaki,
ya koma inda ya faro.

Ran nan wani ya kawo agogon mahaifinsa,
shekara tara a tsaye.
Na ce ya dakata kaɗan, ina kallon wani abu.
Da na buɗe, datti ne kawai.
Na hure, na ɗiga mai, ya tashi.
Jikka ɗaya. Na sayi shayi biyu,
na bar ɗigo a bakin kofi.

Magariba. Na ja ƙyaure.
Ya riga ni shiga.