Sunan da Aka Tsallake

Takardar ta zo ran Talata, ana ruwa,
kogin Mahanadi ya cika har baki.
Masinja ya ajiye ta bai dube ni ba,
shi da kullum sai ya tsaya mun taɓa hira.

"An gano kuskure."
Wai a jerin shekarar da aka ɗaga ni
an tsallake suna ɗaya.
Don haka Trilochan Behera, babban akawu,
ya koma kujerar da ya baro,
ya kuma maido rarar albashi,
rufi dubu ɗari huɗu da sha ɗaya.

Shekara goma sha bakwai!
Rarar nan ai ta zama kwanon ɗakinmu,
ta zama digirin Madhusmita,
ta zama allurar sukarin uwata,
ta zama itacen da muka sallame ta da shi a bakin kogi.
Wanne zan amayo?

Ban rubuta jerin ba, ban roƙa ba.
Wanda ya sa hannu ya zama toka tuntuni.
Wata sha huɗu ya rage min ritaya,
ga yaron da na koya wa ɗaure fayil da jan zare
shi zan miƙe wa tsaye.
Ya fi ni jin kunya.
Ya daina shan shayi inda nake.

Lauya Kadambini Rout,
ofishinta a saman shagon mai gyaran keke a Cuttack,
fanka na juyi kamar mai ciwon wuya.
"Sun ji ta bakinka?" A'a.
"Ka yi ƙarya a takarda?" A'a.
"To, icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.
Gwamnati ta kwana shekara sha bakwai,
ba za ta farka ta ce kai ka ja mata bargo ba."

Aka ɗage. Aka sake ɗagewa.
Takalmina ya haddace matakalar kotu.
Lauyan gwamnati ya miƙe cikin baƙar riga:
"Kuskure ba ya tsufa ya zama haƙƙi.
Kuɗin talakawa ne."
Maganar ta soke ni,
don ni ma na sha buga ta a kan wasu,
har in ja layi a ƙarƙashi.

A zama na uku na waiga.
Bencin baya, mace cikin farin sari,
ta rungume jakar leda cike da takardu.
Matar Gangadhar Swain.
Sunan da aka tsallake.
Ya mutu ƙaramin akawu, shekara shida ke nan,
ita ta yi ta rubuta koke kan fanshonsa
har aka tono fayil ɗin da ya tono ni.

Gangadhar, da muke cin shinkafa a kwano ɗaya.
Ranar da aka ɗaga ni
shi ya fara kawo alewa.

Alƙali bai ɗaga kai ba.
An soke takardar, kada a taɓa albashi,
ba a sauke mutum ba a ji shi ba,
balle bayan ruwa ya daɗe da wucewa.
"Batun matar marigayi kuwa, ba ya gabana."

Lauya ta matse min hannu.
Na nemi murnar, na rasa inda na ajiye ta.

A waje ana tsuga ruwa, ba ta da lema.
Na miƙa tawa, ta girgiza kai.
"Na san ka," ta ce. "Yana yawan ambatonka."
Bas ta zo, ta shige.

Ran Litinin kujerar ta yi ƙara yadda ta saba.
Masinja ya dawo da hirarsa.
Fayil na tara a kan teburina
an rubuta Swain, G., fansho,
ƙura ta yi masa hula.
Zaren ya ƙulle.
Na sa haƙori.