Bakin da Ba Murya

A Tawa, bayan isha, kuran ya ɗauke.
Nomau ɗan ƙanena ya jingina salula jikin buta,
ya ce mu zo mu ga sojan Ingila na zamanin da.

Hoton ruwan toka ne, yana kyarma,
farin yayyafi na zuba a kansa.
Samari sahu-sahu a wani jiƙaƙƙen fili,
saurinsu kamar zabi sun hango shaho.
Wani mai gashin baki ya wage baki har ganɗa,
jijiyar wuyansa ta miƙe,
ko tari ba mu ji ba.
Takalmi ɗari ya daki ƙasa lokaci guda,
gyare kaɗai ya amsa daga gindin katanga.

Nomau ya ce majigin lokacin bebe ne.

Gwaggo Tasalla na ɓarar gujiya a faifai.
Ta matso, ta ƙanƙance idon nan ɗaya mai gani.
Da mai gashin baki ya sake buɗe baki
sai ta ce, "Lefu, rai! Lefu, rai!"
Ƙafafu suka bi ta.
Ta ce, "Abauta!"
Wallahi suka juya.

Ubanta Arzika ne ya gudu daga aikin hanya na Faransa,
ya ratsa Ƙwanni da dare, ya isa Sakkwato,
gudun gara ya kai shi gidan zago.
Ya dawo da ɗingishi da maɓallai uku na tagulla,
da wata asuba wadda ba tamu ba:
hauya a kafaɗa, yana kewaya rumbu,
yana daka wa kansa tsawa, yana bi.
Ita da ƙannenta a baya da karan gero.
Ta ce har ta yi wayo
tana zaton addu'a ce ta mutanen gabas.

Shekara tamanin muryar nan na gidanmu,
tsakanin turmi da randa,
masu ita can suna ta motsa leɓe.

Sai hoton ya sake.
An rataye buhun ciyawa a gungume,
samarin suka sheƙo ɗaya bayan ɗaya,
wuƙa a bakin bindiga,
kowa bakinsa buɗe.
Muka juya muna jiran Gwaggo.

Ta ja faifanta, ta murje ɓawo, ta hure.
Ta ce, "Wagga kam,
Baba bai taɓa yi muna kukanta ba."