Murfin Kududdufi

Kakana Jatau ya haƙa kuza shekara talatin da ɗaya,
daga Bukur har Barikin Ladi,
sai da tafin hannunsa ya koma bayan kunkuru.
Shi ya ce da ni: "Lantana, ƙirga kududdufan Jos.
Jirgin ƙasa ya kwashi kuzar, wannan kowa ya sani.
To ƙasar da aka tono fa?
Wa ya ɗauka?"

Ya ɗaga sanda, ya nuna saman dutsen Shere.

Suna can, in ji shi,
garuruwa bakwai da rabi.
Rabin na ramin da ruwa ya cinye ne tun ba a gama haƙa ba.
Ƙasar ta yi zuciya, ta ƙi komawa gurbinta,
ta dunƙule da tsakar dare ta tashi
da kiyashinta, da saiwoyinta,
da wani kwanon sha da Mairiga ya manta a bakin aiki.

Babbansu Lilo.
Shingensa na ƙyarana,
ƙofarsa a ƙarƙashi kamar tulun da aka kife.
Matan Lilo ba sa zura guga ƙasa,
gefe suke wurga ta cikin gajimare,
su jawo ta fal, tana ɗigar da sauran tsawa.
Dankalinsu yana reto a ƙasan gona,
shaho ne ɓeran da ya dame su.
Ran da suke sheƙar acca
mu nan sai mu ce ƙanƙara ta sauko,
mu ruga mu kwashe shanya.

Akwai Zuga, garin maƙera,
kin san walƙiyar Agusta? Tartsatsinsu ne.
Akwai Ba-Turke, inda ba a shari'ar fili,
don gonar da ta kwana kan Naraguta
gobe inuwarta tana Miango.
Alƙalinsu ya gaji da hamma,
ya koma kiwon tattabaru.

Na ce, "Kaka, ai waɗannan sun huta."
Ya yi dariya har tarin ma'adinai ya sarƙe shi.

"Sun huta?
Mutanen da ba su da inda za su binne cibiya?
In sun yi rashi, iskar asuba suke ba wa amana,
babu tudun da za a nuna wa jika.
Yaransu kan kwanta rub da ciki a bakin gari
suna leƙenmu,
ana yi musu tatsuniyar wani birni mai nauyi,
inda in ka yar da allura
gobe ka dawo ka tarar da ita,
inda uwa kan aiki ɗa gidan maƙwabta
ya je ya sami gidan nan inda aka bar shi.
Ba sa yarda.
Sukan ce, kai, tsofaffi da ƙarya!"

Damina uku ke nan da muka kai shi makwanci,
a jar ƙasa mai riƙe abin da aka ba ta.
Ni kuwa ina Farin Gada da karas da kabeji,
ina ciniki, ina rantsuwa, ina bin bashi.
Ban taɓa ganin komai a sama ba
sai hadari da jemagu.

Amma jiya da la'asar na bi ta bayan Rayfield,
na tsaya kan wani koren kududdufi da ba ya motsi.
Ban ɗaga kai ba. Ƙasa na duba.
Ga Lilo cikin ruwa,
daidai da bakin ramin, cif,
kamar murfi da tukunyarsa.
Ga wata 'yar yarinya a gefen shinge,
kitsonta yana lilo,
ta zuba mini ido.

Na zare allurar da ke ɗankwalina,
na ɗaga mata, na ajiye kan dutse.

Yau da sassafe, kafin motar kabeji ta iso,
na koma cikin sanyi, haƙora na karo.
Tana nan.
Raɓa ta kwanta a kanta.
Na daɗe ban ɗauka ba,
don yarinyar ta gani da kyau.