Yashin Suga

Lantana ta tafi Marwa jinyar tsohuwa.
Ta ce kwana uku. Yau na tara.
Kwalabenta goma sha biyu suna jere a bayan ƙofa,
wankakku, baki buɗe,
duk wanda ya shigo shi suke kallo.

Jiya mai shagon bakin tasha ya tare ni:
"Ɗanjuma, ina alawar gyaɗa?
Fasinjan Ngaundare sun hana ni sakat."
Na ce gobe.
Baki ne ya faɗa, bai shawarce ni ba.

Ni da na shekara ashirin ina kwance injin babur a nan Garwa,
ina gane ciwon mashin daga tarinsa,
me tukunya za ta nuna mini?

Kofi biyu na gyaɗa, ɗanya, da jar rigarta,
kofi ɗaya na suga, ruwa kaɗan.
Na hura gawayi, na ba shi wuta irin ta masu walda,
na koma gefe ina duba waya.

Kafin a idar da kiran la'asar
Madam Odet ta leƙo ta katanga
tana tambaya ko taya muke ƙonawa.
Abin da na kankaro daga gindin tukunya,
akuya ta shinshina, ta ba shi baya.
Jaka ɗaya da rabi ta bi hayaƙi.

Hajjo tana kan turmi da littafin lissafi,
ba ta ko ɗago kai ba:
"Baba, wutarka fushi gare ta.
Inna tana rage gawayi.
Kuma ba ta sakin muciya, ko kai ne ka kira ta."

Ko ni ne na kira ta.
Na tuna sau nawa na yi ta kwaɗa kira daga ɗaki
a kan ruwan sha, a kan hular da ke kaina.

Muka sake awo.
Ruwan ya tafasa, ya ari jan gyaɗa, ya yi kumfa.
Na juya. Na juya.
Kafaɗar da ke ɗaga injin ta fara neman sulhu.
Sai kwatsam komai ya bushe,
suga ya koma gari, fari, yana ƙaras-ƙaras,
yashin Binuwai sak a tsakiyar bazara.
Na ce shi ke nan, ta sake ɓaci,
na kai hannu zan sauke.

"Kar ka sauke!
Nan ne Inna take cewa kowa ya yi shiru."

Muka yi shiru.
Muciya kawai ke magana da tukunya.
Can daga ƙasa yashin ya fara gumi,
ya narke, ya yi launin shayin da ya daɗe a buta,
ya bi kowace ƙwaya ya lulluɓe ta.
Hajjo ta barbaɗa gishiri da yatsu uku,
ta kawo faranti da gudu:
"Baza, baza, kafin su rungumi juna!"

Ɗigo ɗaya ya sauka a babban yatsana.
Ban san abu mai zaƙi yana da haƙori haka ba.
Akwai ɗigo-ɗigon tabo a wuyan hannun Lantana,
shekara goma sha huɗu ina ganinsu,
ina dumbuza daga faranti ina wucewa.

Da ta huce muka ɗura,
tana sauka cikin kwalba kamar ruwan farko a kan kwano.
Biyar muka cika. Bakwai na nan suna kallo.

Bayan isha'i waya ta yi ƙara.
Tsohuwa ta ɗan sha kunu, in ji ta.
Kafin in shirya labarin yadda zan fito da mutunci
Hajjo ta fizge, ta fara daga akuya.
Na jiyo dariyar tun daga Marwa,
ta farko a kwana tara.

Da aka miƙo mini, abu ɗaya ta tambaya:
"Ka jiƙa tukunyar?"

Ban jiƙa ba.
Ga ni nan tsugune a bakin rariya, da soso da toka.